Yadda ake kashe Game Turbo, da abin da kashe shi ba zai gyara ba

"Assalamu alaikum Malam. Ina sayar da atamfa da leshi daga gida a Zariya, kuma kusan duk cinikina ta WhatsApp yake. Wayata Redmi Note 12 ce. Da yamma nakan ba yarona ya ɗan buga gem ɗin ƙwallo, sai na lura da ya buɗe, wani abu mai suna Game Turbo yake tasowa da kansa. Daga nan wayar ta ɗau zafi kamar dutsen guga, caji ya zube, saƙon masu saye da alat ɗin banki kuma ba sa fitowa sai ya gama. Ran nan wata ta yi ta turo saƙo har ta gaji ta saya a wani wurin. Na nemi in goge shi ban ga wurin gogewa ba. Don Allah yaya zan kashe shi gaba ɗaya? Kuma in na kashe, zai lalata wani abu?"

Wa alaikumus salam Hajiya. Allah ya buɗa kasuwa, ya musanya miki cinikin da ya wuce da mafi alheri.

Idan na fahimce ki, ƙorafi uku kika kawo: wayar tana zafi, caji ba ya daɗewa, saƙonni kuma ba sa fitowa lokacin da yaro yake gem. Duka ukun kin ɗora wa Game Turbo, don shi ne baƙon da kike gani yana leƙowa duk sanda aka buɗe gem ɗin. Bari in fara kwantar miki da hankali. Ana kashe shi, aikin bai kai minti ɗaya ba, kuma babu abin da zai lalace. Sai dai na daɗe ina gyaran waya a kasuwar Farm Centre nan Kano, kuma na sha ganin mutum ya kashe shi, bayan kwana biyu ya dawo yana ce min wayar na nan da zafinta. A cikin ƙorafinki uku, na saƙonni ne ya fi zama laifinsa. Zafi da zubewar caji yana da ɗan hannu a ciki, amma babban mai laifin shi ne gem ɗin kansa da yadda ake buga shi.

Abin da yake yi idan ya taso

Ba ki ga wurin gogewa ba ne saboda Game Turbo ba manhaja ce mai zaman kanta ba. Xiaomi, kamfanin da yake yin Redmi da Poco, ya dasa shi ne a cikin manhajar Security, waccan mai hoton garkuwa da take zuwa da wayar tun daga kwali. Yana riƙe da jerin gem ɗin da ke kan wayar, da an buɗe ɗaya daga ciki sai ya kama aiki ba tare da ya tambayi kowa ba.

Aikin nasa ya fi kama da abin da muke yi a gida idan an tayar da ƙaramin janareta ana son a yi guga. Sai a ce a kashe fanka, a cire firij, a bar wa dutsen guga wutar shi kaɗai. Haka Game Turbo yake yi: yana tura sauran manhajoji baya, ya share musu wuri a cikin ram, ya ba gem fifiko a kan injin wayar da kuma data. Bayan wannan yana da wani sashe na hana katsalandan, wanda yake iya ɓoye sanarwar da take saukowa daga saman allo, ya hana a jawo labulen sanarwa, ya tsayar da hasken allo wuri ɗaya. Sai kuma ɗan akwatin da ake jawowa daga gefe, mai ɗauke da kayan ɗaukar bidiyon allo da canza murya. Wannan akwatin shi yara suka fi so, kuma sau da yawa su ne da hannunsu suke taɓa maɓallin ɓoye sanarwa a ciki, don kada saƙon mama ya rufe musu gola ana tsaka da bugun fanareti.

Ki lura da wani abu a misalin nan. Wanda ya kashe fanka da firij bai ƙara wa janareta ƙarfi ba, rabon wutar ya canza. Wayarki tana ɗauke da injin Snapdragon 685, idan irin wadda ta fi yawa a kasuwarmu ce mai 4G. Yana da ƙwayoyi takwas, huɗu masu ƙarfi, huɗu masu tattalin caji. Game Turbo ba zai ƙara ko guda ɗaya ba. Kalmar turbo ɗin nan ta fi yi wa masu talla amfani fiye da yadda take yi wa wayar.

Wani lokacin ma irin waɗannan tsare-tsare ja da baya suke yi wa gem. A watan Maris na 2022 an yi babbar hayaniya a kan Samsung, lokacin da masu amfani da Galaxy S22 a Koriya ta Kudu suka gano cewa wani tsari da ke ciki mai suna Game Optimizing Service yana rage wa gem gudu don kada wayar ta yi zafi, alhali idan aka buɗe manhajar gwajin ƙarfin waya sai ya bar ta ta saki jiki. Masu Geekbench, ɗaya daga cikin fitattun manhajojin gwajin, suka cire Galaxy S10 da S20 da S21 da S22 daga jerinsu. Shugaban kamfanin na lokacin, Han Jong-hee, ya ba da haƙuri a taron masu hannun jari, kamfanin kuma ya saki sabuntawa da ta ba mutane damar zaɓen ƙarfi a kan sanyi. Na kawo wannan ne don ki ga cewa masu ƙera waya su ma tsakanin abu biyu suke: su saki injin ya yi zafi, ko su riƙe shi gem ya riƙa sarƙewa. Babu maɓallin da yake ba da duka biyun.

Kashe shi

Ki buɗe Security, ki gangara ƙasa har ki ga Game Turbo, ki taɓa. Kada ki yi mamaki idan allon ya kwanta a kaikaice, haka yake buɗewa. A sama daga gefe akwai alamar saiti, ɗan zagaye mai haƙora. Ki shiga, maɓallin farko da za ki gani shi ne mai sunan Game Turbo ɗin. Ki kashe shi. Shi ke nan.

Wayarki ta fito a 2023 da MIUI 14, wato tsarin Xiaomi da yake tafiyar da wayar, daga baya aka turo mata magajinsa HyperOS, kuma kowace sabuntawa takan ɗan matsar da abubuwa. Idan abin da kike gani bai yi daidai da abin da na faɗa ba, ki shiga Settings, ki rubuta Game Turbo a wurin bincike da ke sama, zai kai ki ƙofarsa. Kuskuren da aka fi yi shi ne a danne ɗan hotonsa da ke fuskar waya a cire, a ɗauka an gama. Wannan hoton hanya ce kawai ta shiga, cire shi bai taɓa komai ba.

Akwai hanya ta tsakiya ga wanda ba ya son kashewa duka. A shafin farko akwai alamar ƙari, wadda take buɗe jerin manhajoji, kowace da maɓallinta, sai a cire gem ɗaya a bar sauran. Ko kuma a bar shi a kunne, a shiga sashen hana katsalandan a kashe abin da yake ɓoye sanarwa. Ga saurayin da wayarsa ta gem ce wannan ya fi. Ke kuwa wayarki shago ce, ni a ganina ki kashe shi duka. Abin da yaronki zai rasa shi ne akwatin gefe, sai kuma kariyar da take hana yatsa ya zame ya fitar da shi daga wasa. Idan wayar mai ram 4 ce, mai yiwuwa gem ɗin ya riƙa ɗan tsayawa nan da can, tunda yanzu zai raba wuri da WhatsApp. Zai yi ƙorafi kwana biyu ya saba.

Ki riƙa leƙawa bayan kowace babbar sabuntawa, da kuma duk sanda yaron ya sauke sabon gem. Shi ma yaron yanzu ya san hanyar, ko zai sani nan da mako guda.

Saƙon ya iso aka ɓoye, ko bai iso ba

Kafin ki kashe, ki yi wani ɗan gwaji da nake yi wa masu zuwa wurina, don zai nuna miki inda matsalar take. Ki ba yaron wayar ya buɗe gem, ki karɓi wayar maigida ko ta maƙwabciya ki tura wa kanki saƙo ta WhatsApp, ki zuba ido a kan wayar da kika tura da ita. Idan alama biyu ta fito, saƙon ya shiga wayarki, ɓoye shi kawai aka yi, kuma kashe Game Turbo zai warware shi. Idan alama ɗaya ta tsaya har ya gama wasan, saƙon bai iso ba ke nan, wato an kwantar da WhatsApp ɗin a baya ko an shaƙe masa data.

Idan ta biyun ce, kuma bayan kin kashe Game Turbo abin bai daina ba, to akwai wani mai gadin. Wayoyin Xiaomi suna da zafin hannu wajen kwantar da manhajojin da ba a kan allo suke ba, don tattalin batir. Ki danne hoton WhatsApp, ki shiga bayanansa, ki kunna Autostart, sannan a wurin Battery saver ki zaɓi No restrictions. Haka za ki yi wa manhajar bankinki. Alat ɗin da yake zuwa ta saƙon tes kuwa ba ya bin data, yana shigowa ko ana gem ko ba a yi, abin da ake hana shi kawai ya sauko a gani.

Amma fa Hajiya, gaskiya ɗaya ce. Ko da kowane saƙo ya sauko da ƙara, wayar tana hannun yaro ne, ana minti na tamanin da tara ana cin sa ɗaya. Da yatsa ɗaya zai ture saƙon ya ci gaba, kuma da zuciya ɗaya zai manta ya faɗa miki. Wannan ba saiti ne yake gyara shi ba. Abin da na ga ya yi wa 'yan kasuwa irinki amfani shi ne haɗa WhatsApp ɗin da waya ta biyu. Tun watan Afrilun 2023 WhatsApp ya ba da damar a buɗe lamba ɗaya a kan wasu na'urori har huɗu, ciki har da wayoyi, ta wurin Linked devices. Ko tsohuwar waya ce a ajiye a durowa, in dai tana ɗaukar WhatsApp, za ta yi. Saƙo zai shigo duka biyun, ke kina amsa masu saye, shi yana ƙwallonsa. Sharaɗin kawai kada babbar wayar ta kwana goma sha huɗu ba a buɗe WhatsApp a kanta ba, in ba haka ba za a cire ta biyun.

Wani abu kuma da ba ki tambaya ba. Idan sanarwa ta koma saukowa ana tsaka da gem, lambobin sirri da banki yake turowa su ma za su riƙa saukowa a gaban duk wanda yake riƙe da wayar, kuma yara ba su kaɗai suke buga gem ba, abokai suna zagaye da su. A cikin Security ɗin nan akwai App lock. Ki sa wa manhajar banki da ta saƙonnin tes.

Zafi da caji

Nan ne na fi son ki ba ni hankalinki, don nan kuɗi suke fita. Gem ba bidiyo ba ne da aka riga aka ɗauka ake nunawa. Kowane hoto da yaron yake gani, wayar ce take zana shi a take: 'yan wasa ashirin da biyu, ciyawa, inuwa, 'yan kallo. Idan an saita gem ɗin a kan hoto 60 a daƙiƙa, injin yana da kashi ɗaya cikin sittin na daƙiƙa ya gama kowane zane. Idan 30 ne, lokacin ya ninka, aikin zanen kuma ya ragu da kusan rabi. Duk wutar da injin ya sha zafi take komawa, waya kuma ba ta da fanka, ta bayanta da gilashinta take fitar da shi. Shi ya sa gyara mafi tasiri yana cikin saitin gem ɗin ne. A shiga wurin Graphics, a sauke kyan hoto zuwa matsakaici ko ƙasa, a mayar da yawan hoto 30. Wannan kaɗai ya fi kashe Game Turbo rage zafi nesa ba kusa ba.

Allon wayarki yana iya sabunta kansa sau 120 a daƙiƙa. Yana da daɗin kallo, amma yana shan caji, kuma sayar da atamfa ba ya buƙatarsa. A cikin saitin Display akwai Refresh rate, ki mayar da shi 60. Hasken allo ma babban mashayin caji ne, yara kuwa har ƙarshe suke kai shi. Idan gem ɗin na intanet ne kuma sabis ba shi da ƙarfi a ɗakin, wayar tana ƙara ƙoƙari wajen kamo eriya, wannan ma zafi ne a kan zafi.

Sai babban mai kashe batir, wato buga gem waya na jone a caji. Na san dalilin da ya sa ake yi. An kawo wuta ƙarfe biyar, ba a san yaushe za a ɗauke ba, yaro kuma lokacinsa ke nan. Cajar wayarki mai wat 33 ce, tana tura wuta da sauri cikin batir mai ƙarfin 5000mAh, wannan kansa yana ɗumama shi. Injin kuma yana dafa shi ta ɗaya gefen. A ƙara da rigar roba mai kauri, a ƙara da katifa ko filo da aka ɗora wayar a kai. Masu ƙera waya irin su Apple suna rubuta cewa a yi amfani da ita a yanayin da bai wuce digiri 35 ba, mu kuwa a watan Afrilu da rana iskar gari kanta ta haura haka kafin a kunna komai. Batirin lithium ba abin da yake tsufar da shi kamar zafi yana cike da caji. Yawancin batiran da nake cirewa a kumbure kamar fanke, in na tambaya, labarin ɗaya ne: gem ko kallo a kan caji. Ki kafa doka, in ana caji ba a gem, in ana gem a cire rigar. Idan ta yi zafi a ajiye ta a kan siminti ko tayil a inuwa ta huce da kanta. Kada a sa ta a firij, kada a ɗora ta a kan ƙanƙara, don raɓa takan taru a ciki, gyaran ruwa kuma ya fi na batir tsada.

Ko kin kashe Game Turbo, za ki ga wani lokacin idan wayar ta yi zafi sosai gem ya fara jan ƙafa, haske ya ragu, caji ya koma tafiyar hawainiya. Wannan ba lalacewa ba ce. Wani tsari ne daban a can ƙasa, mai auna zafi ya rage wa injin gudu don ya kare kansa da batir. Ba shi da maɓalli a saiti, kuma da gangan aka hana shi.

Ina faɗar haka ne saboda akwai bidiyoyi da yawa da suke koya wa samari su jona waya da kwamfuta su tumɓuke manhajojin tsarin, wai don gem ya saki. Wani saurayi ya taɓa kawo min tasa bayan ya bi irin wannan darasi, ya cire manhajar tsaron da sauran tsarin yake jingine da ita. Wayar ta riƙa kunnuwa tana mutuwa a kan tambarin kamfani, ba ta wucewa. Sai da muka yi mata filashin, hotunan bikin yayarsa duka suka tafi. Idan wani ya ce zai cire miki Game Turbo daga tushe da kwamfuta, ki ce kin gode. Ke da jerin masu saye da hotunan kayanki suke ciki, ba ki da abin da za ki samu da ya kai wannan kasadar.

Ga masu karatu da wayarsu ba Redmi ba ce, abin ɗaya ne suna ne ya bambanta. A Tecno da Infinix ana kiransa Game Mode, a Samsung Game Booster, wanda yake da Priority mode mai toshe kira da sanarwa. A rubuta game a wurin binciken saiti zai fito. iPhone ma ta samu nata Game Mode da iOS 18 a 2024, yana kunna kansa, ana kuma kashe shi daga Control Center lokacin da gem ɗin yake buɗe.

Abin da ba zan iya gani daga nan ba shi ne lafiyar batirinki, wannan sai waya a hannu. Amma za ki iya gwadawa. Yau ki kashe Game Turbo ki sauke saitin gem, ki duba caji kafin ki ba shi wayar, ki sake dubawa bayan rabin awa, gobe ma ki maimaita. Idan ya ragu da sauƙi kuma bayanta ɗumi ne kawai, an gama. Idan kuwa tana zafi ko a ajiye take ba a taɓa ta ba, ko tana mutuwa alhali caji yana nuna 20 ko 30, to matsalar ta wuce gem. Ki cire rigar, ki kwantar da wayar a kan tebur, ki duba gefenta da kyau. In kin ga bayanta ya ɗaga ko gilashin ya fara rabuwa da jiki, kada ki sake jona ta a caji, kada kuma ki danna wurin don ya koma. Ki kashe ta ki kai wa mai gyara a canza batir a ranar.